Hifatiya ta Iskandariyya: Malamar Lissafin Lokaci da Tarihin da Aka Ƙaga Mata

A watan Maris na shekarar 415, ana tsakiyar azumin da Kiristoci ke yi kafin bikin Ista, wasu gungun mutane suka tare wata malama a kan titin Iskandariyya ta ƙasar Masar tana hanyar komawa gida. Suka fizgo ta daga karusarta, suka ja ta zuwa babbar majami'ar da ake kira Kaisariyon, suka tuɓe ta, suka kashe ta da fasassun kasake. Gawar ma ba su ƙyale ba. Sun yi gunduwa-gunduwa da ita, suka kai wani wuri mai suna Kinaron suka cinna mata wuta. Sunan malamar Hifatiya, 'yar Tiyon masanin lissafi da taurari.

Babu mai musun cewa an yi wannan kisa. Inda ake ta ja-in-ja tun shekaru 1600 shi ne a kan wace ce aka kashe, kuma don me. Wani ya ce matsafiya ce da ta juyar da hankalin gwamna. Wani ya ce shahidiyar ilimi ce da jahilci ya cinye. Abin da ya buɗe wa kowa ƙofa shi ne babu ko jimla ɗaya da za a ɗaga a ce tabbas wannan daga bakinta ko alƙalaminta ta fito. Duk abin da ake da shi, wasu ne suka faɗa a kanta.

Shaidun da ke hannu

Mutum ɗaya ne cikin masu ba da labarinta ya zauna a gabanta ya yi karatu, wato Sinisiyus, ɗan garin Kirini a ƙasar Libiya ta yau. Ya yi almajiranci a wajenta cikin shekarun 390, daga baya ya zama bishop na Tolemayis wajen shekarar 410. Wasiƙu bakwai da ya rubuta mata sun tsira. A ɗaya yana roƙon ta sa baki wajen manyan gari don wasu samari biyu su karɓo dukiyarsu da aka ƙwace. A wata ya aika mata littattafan da ya rubuta, yana jiran ta ce a fitar ko a ajiye. A wata kuma, yana kwance ciwo ya ci ƙarfinsa bayan mutuwar 'ya'yansa, ya kira ta uwa da 'yar'uwa da malama. Ya rasu kafin a kashe ta, don haka bai ce komai a kan kisan ba.

Labarin kisan daga Sokratis ya zo, ba wancan na Atina ba, wani marubucin tarihin coci ne a Kustantiniyya (Istanbul ta yau, fadar sarkin Rum ta gabas) da ya yi rubutu kimanin shekara 25 bayan abin ya faru. Kirista ne, kuma ya yi tir da kisan. Ya ce ta fi duk masu falsafar zamaninta, tana shiga gaban mahukunta ba tare da shayi ba, maza kuma suna girmama ta saboda kamun kanta. Sai Damaskiyus, shugaban ƙarshe na makarantar Aflatun a Atina, mai bin addinin Girkawa na da, wanda ya yi rubutu kimanin shekara ɗari bayanta. Na huɗu Yohanna ne, bishop na Nikiyu a Masar, a ƙarshen ƙarni na 7. Tsakaninsa da kisan akwai shekaru fiye da 250, littafinsa ma bai iso gare mu da harshen da ya rubuta shi ba, sai ta fassarar Habashanci ta shekarar 1602 wadda ita ma daga Larabci aka yi ta.

Mutum huɗu ke nan, da wasu 'yan layuka a nan da can. A kansu aka gina komai.

Aikin da take yi

Gidan su Hifatiya gidan lissafin sama ne. Mahaifinta ya rubuta kusufin rana da aka yi ranar 16 ga Yuni 364, shi ne kuma ya tace littafin Uklidis na ilimin awo, har bugun nasa ya zama wanda aka fi kwafa tsawon ƙarnoni. Babban aikinsa sharhi ne a kan littafin Batlimus, tsohon masanin falaki na Iskandariyya, wanda Larabawa suka sa wa suna al-Majisti. A kan juzu'i na uku na sharhin an rubuta cewa 'yarsa Hifatiya mai falsafa ce ta bi ta gyara. Wasu manazarta na ganin sharhin ta gyara, wasu na ganin matanin Batlimus ɗin ne kansa. Ko ma wanne ne, juzu'i na uku na al-Majisti magana yake a kan tafiyar rana da tsawon shekara, watau tsantsar lissafin lokaci. Wani kundin Rumawa na ƙarni na 10 mai suna Suda ya ƙara da cewa ta yi sharhi a kan littattafan masana lissafi Diyofantus da Afoloniyus, da kan wani jadawalin taurari.

Ya kamata a san irin wannan aiki, domin masu ƙaga mata tarihi tsallake shi suke yi. Babu sifili irin namu, babu alƙaluma irin namu. Da haruffan Girkanci ake rubuta adadi, ɓangarorin adadi kuma a tsarin sittin-sittin, irin wanda har yau muke ƙirga minti da daƙiƙa da shi. Jadawali shafi bayan shafi, duka da hannu ake kwafa. Idan mai kwafa ya yi gyangyaɗi ya sauya harafi ɗaya, kusufin da za a lissafa nan da shekara goma ya kauce. Wanda zai tace irin wannan littafi dole ya sake lissafin da kansa, layi-layi. Aiki ne mai cin ido da cin rai, ba ya kuma sa a yi wa mutum kirari.

Sai asturlabi. Faifai ne na ƙarfe kamar faranti, da zobe a sama da ake rataya shi a yatsa. A bayansa akwai wani ma'auni mai juyawa da ƙananan huji biyu. Mai awo zai riƙa karkata shi har hasken rana ya ratsa hujin farko ya faɗa cikin na biyu, sai ya duba gefen faifan ya ga daraja nawa rana ta hau. Daga nan ya juya gaba, inda akwai wata raga ta ƙarfe mai tsinaye, kowane tsini na wakiltar tauraro guda. Ya juya ragar har mazaunin rana na wannan yini ya hau kan layin da ya dace, nan take sa'a ta fito. Da dare kuma da tauraro ake yi. Tiyon ya rubuta littafi a kan wannan na'ura, Sinisiyus kuma ya sa an ƙera masa wata irinta da azurfa, ya kai wa wani babban jami'i a Kustantiniyya tsaraba, yana cewa da abin da malamarsa ta koya masa ya yi. Daga wannan ne aka samo maganar da ke yawo cewa ita ta ƙirƙiro asturlabi. Ba ita ba ce. Ilimin da aka gina shi a kai ya girme ta da ɗaruruwan shekaru.

To amma faifan da ke gaya maka ƙarfe nawa, shi ne ke gaya wa mai duba wane buruji ne ke fitowa a gabas lokacin da aka haifi jariri. Jadawalin da ke nuna ranar kusufi, shi ɗan duba ke buɗewa. Batlimus kansa ya rubuta littafi guda a kan tasirin taurari. Dokar Rum kuwa ta tsananta a kan masu duba, har a shekarar 409 aka fitar da umarnin su ƙone littattafansu a gaban bishop ko a kore su daga birane. Ga talakan da ke kallo daga nesa, mace da ke ɗaga faifan ƙarfe tana auna rana, tana faɗin ranar da za ta yi duhu, ba sai an sha wahala ba wajen gamsar da shi cewa akwai wata a ƙasa.

Rikicin da ya ci ta

A Oktoba 412 Tiyofilus, bishop na Iskandariyya, ya mutu, ɗan 'yar'uwarsa Siril ya gaje shi bayan kwana uku na tashin hankali da magoya bayan abokin takararsa. Tiyofilus shi ne ya jagoranci rushe haikalin gunkin Serafis wajen shekarar 391, amma bai taɓa makarantar Hifatiya ba, shi ne ma ya naɗa almajirinta bishop. Siril ya shigo da zafi. Ya rufe majami'un wata ɗariƙar Kirista da ba ta bin sa, ya fara sa hannu a abin da yake hurumin gwamna ne.

Gwamnan, Orestis, Kirista ne. Faɗan ya fito fili lokacin da ya sa aka azabtar da wani malamin yara, ɗan gaban goshin Siril, a gidan wasa a bainar jama'a, bisa zargin leƙen asiri da tunzura mutane. Bayan haka, in ji Sokratis, wasu Yahudawa suka yi ihun coci na cin wuta da dare, suka karkashe Kiristocin da suka fito kashe gobara. Gari na wayewa Siril ya ja jama'a ya ƙwace wuraren ibadar Yahudawa, ya kore su daga gari, aka wawashe dukiyarsu. Gwamna ya rubuta wa fada, bishop ma ya rubuta. Sarkin, Tiyodosiyus na biyu, yaro ne da bai kai shekara 15 ba. Siril ya miƙa wa Orestis littafin Linjila don a shirya, Orestis ya ƙi, da alama ya gane cewa karɓa a gaban jama'a mubaya'a ce.

Sai 'yan zuhudu kimanin 500 suka sauko daga hamadar Nitriya suka tare karusar gwamna suna kiransa mai bautar gumaka. Yana rantsuwa cewa an yi masa baftisma a Kustantiniyya, wani mai suna Amoniyus ya rotsa masa kai da dutse. Dogaransa suka watse, mutanen gari ne suka cece shi. Aka kama Amoniyus, ya mutu a hannun masu azaba. Siril ya ɗauki gawar ya ce shahidi ne, amma Kiristoci masu hankali suka ƙi yarda, dole ya bar zancen ya mutu.

A nan sunan Hifatiya ya shigo. Orestis na yawan zuwa wajenta neman shawara, kamar yadda manyan gari suka saba. Sai raɗe-raɗi ya bazu cewa ita ce ke hana gwamna shiryawa da bishop. Wani mai suna Bitrus, mai karanta nassi a coci, ya ja mutanen da suka yi mata kwanton ɓauna. Sokratis bai ambaci sihiri ba, bai ambaci kimiyya ba, bai ce don addininta ba ne. Hassadar siyasa ya kira abin, ya kuma ce ya jawo wa Siril da cocin Iskandariyya baki ɗaya abin kunya.

Yadda ta zama matsafiya

A wajen Yohanna na Nikiyu labarin ya sauya kama. Abubuwan da suka faru suna nan kusan yadda Sokratis ya jera su, sai dai an juya ma'anarsu. Hifatiya ta zama mace da ta duƙufa ga sihiri da asturlabi da kayan kiɗa, ta yaudari mutane da makircin Shaiɗan, ta yi wa gwamna asiri har ya daina zuwa coci. Bitrus ya tashi daga mai karanta nassi ya zama jami'i kuma cikakken mumini. Jama'a kuma suka kewaye Siril suna kiransa sabon Tiyofilus don ya kawar da ragowar bautar gumaka.

Mai yiwuwa Yohanna ya adana irin maganar da aka riƙa yaɗawa a lungunan Iskandariyya a lokacin. Idan kana son ka sa jama'a su far wa dattijuwar da kowa ke gaisarwa, sai ka fara cire mata rigar mutunci, zargin tsafi kuwa shi ne mafi araha. Amma a matsayin bayanin halinta, labarinsa ba ya tsayawa. Almajiranta sun haɗa da Kiristoci 'ya'yan manya, babu kuma wata shaida daga zamaninta da ta nuna ta shiga faɗan kare haikalin Serafis, alhali wasu malamai masu bin addinin da sun shiga har da zub da jini.

Shi kuma Damaskiyus ta ɗaya gefen ya ja. Ya ce Siril ya wuce ta ƙofar gidanta ya ga dawakai da mutane cunkus, hassada ta kama shi, ya ƙulla kashe ta. Labari ne mai daɗin ji, daga mutumin da ke da haushin coci. Abin dariya, yabon nasa ma da saura, don ya ce malaminsa Isidorus ya fi ta kamar yadda namiji ya fi mace, kuma kamar yadda mai falsafa na gaske ya fi mai ilimin awo kawai. Har wata wasiƙa aka ƙaga da sunanta, wai ta rubuta wa Siril tana kare Nasturiyus, bishop na Kustantiniyya da Siril ya yi rigimar aƙida da shi. Ramin ƙarya ƙurarre ne: an tsige Nasturiyus a shekarar 431, shekara 16 bayan an ƙone gawarta.

Yadda ta zama shahidiyar kimiyya

Turawan ƙarni na 18 sun tono ta ne don faɗansu da limaman zamaninsu. A 1720 John Toland ya fitar da ƙasida yana zayyana ta a matsayin mace mafi kyau da ilimi da limamai suka yayyaga. Shekara guda bayan haka Thomas Lewis ya mayar da martani yana kiranta malamar makaranta mara kunya. Babu ɗayansu da ya samo sabuwar hujja. Marubucin Faransa Voltaire ya ɗauka, masanin tarihi Edward Gibbon ya ɗauka ya ƙara gishiri da cewa da ɓawon kawa aka kankare naman jikinta. A 1853 Charles Kingsley, limamin cocin Ingila mai adawa da Katolika, ya mai da ita budurwa a littafin ƙagaggen labari, masu zane suka bi sahu. Alhali wani marubucin Rumawa na ƙarni na 6, Yohanna Malalas, ya ce tsohuwa ce lokacin da aka kashe ta, kuma masaniyar tarihi Maria Dzielska ta kawo hujja a 1995 cewa ta kai kimanin shekara 60. Mace da ta koyar da Sinisiyus a shekarun 390 ba za ta zama yarinya a 415 ba.

Wanda ya fi kowa ɓarna, a ganina, Ba'amurke ne mai suna Elbert Hubbard. A 1908 ya rubuta mata tarihi da ya cika da abubuwan da shi ya ƙirƙira, har da tsayinta da nauyinta, ya kuma sa mata kalamai a baki a kan 'yancin tunani da sharrin koya wa yara camfi. Waɗannan kalamai su ne ake liƙawa a ƙarƙashin hotonta ana turawa a Facebook da WhatsApp, hoton ma wani mai zane ne ya zana shi don littafin. A 1980 shirin talabijin na Carl Sagan ya ɗaure mutuwarta da rushewar babban ɗakin karatun Iskandariyya, alhali babban ɗakin ya daɗe da shuɗewa kafin a haife ta, haikalin Serafis kuma, inda aka taɓa ajiye reshen ɗakin karatun, an rushe shi shekara fiye da 20 kafin kisan. Fim ɗin Agora na 2009 ya kai abin ƙarshe, inda ya nuna ta tana gab da gano cewa duniya na kewaya rana a kan hanya mai siffar ƙwai, abin da masanin falaki Kepler ya wallafa a 1609. Duk shaidar da ke akwai na nuna ta a cikin tsarin Batlimus take aiki, inda ƙasa ke tsakiya.

Maganar cewa ilimi ya mutu da mutuwarta ita ma ba ta da ƙafa. An ci gaba da koyar da falsafa da falaki a Iskandariyya fiye da shekara ɗari bayanta. Littafi mafi tsufa a kan asturlabi da ya iso gare mu cikakke, Yohanna Filofonus ne ya rubuta shi a can a ƙarni na 6, kuma Kirista ne.

Zancen ranar Ista

Akwai wani ra'ayi na baya-bayan nan da ya fi sauran jan hankali, domin ya koma kan ainihin sana'arta. Ranar Ista lissafi ce: Lahadi ta farko bayan cikar wata da ya biyo daidaituwar dare da rana a watan Maris. Cocin Iskandariyya ya tsayar da 21 ga Maris a matsayin ranar daidaituwar, bishop ɗinsa ne ke aika wasiƙa kowace shekara yana sanar da ranar biki, Tiyofilus ma ya tsara jadawalin shekara ɗari ya miƙa wa sarki. Ba kullum ake dacewa da cocin yamma ba. A 387 Masar ta yi Ista ranar 25 ga Afrilu, wasu yankuna sun riga ta da makonni. Duk wanda ya taɓa ganin unguwa ɗaya ta rabu a kan ganin wata, wasu na filin idi wasu na azumi, ya san cewa mai sanar da rana shi ke da gari.

Batlimus ya ƙiyasta shekara da kwana 365 da rubu'i, a cire ɗaya bisa 300 na yini. Wannan ya zarce gaskiya da kimanin minti 6 da rabi, wanda ke taruwa ya zama yini guda cikin shekara 220 da ɗoriya. A 2010 wani masanin lissafi, Ari Belenkiy, ya kawo hasashen cewa Hifatiya ta auna daidaituwar da kanta, sakamakon ya saɓa wa lissafin bishop, shi ya sa aka kawar da ita. Tunani ne mai kaifi, amma babu marubucin da ko ɗaya da ya haɗa ta da rigimar Ista. Hasashe ne da aka dasa a gurbin da babu rubutu, kamar sauran, sai dai shi mai shi bai ɓoye cewa hasashe ba ne.

Alhakin Siril da abin da ya rage

Babu hujjar da ta nuna Siril ya ba da umarni. Masu kare shi kan fake da cewa ba a mugun sarki sai mugun bafade. Ni ban ga wannan ya wanke shi ba. Shi ya saba wa jama'a da ɗaukar doka a hannu, shi ya kira wanda ya fasa kan gwamna shahidi, kuma ma'aikacin cocinsa ne ya ja mutanen, a cikin majami'arsa aka yi kisan. Babu labarin an hukunta kowa. Abin da fada ta yi a 416 shi ne rage ƙungiyar majiya ƙarfin da ke jinyar marasa lafiya a ƙarƙashin bishop zuwa mutum 500, ta hana su shiga kotu da wuraren taro, ta sa gwamna ya riƙa tantance su. A 418 aka mayar wa bishop da su, aka ƙara adadin zuwa 600. Orestis ya ɓace daga tarihi. Siril ya ci gaba da riƙe kujerarsa har mutuwarsa a 444.

Aikin hannunta kuwa, masu nema suna nemansa ne a cikin littattafan wasu. A 1968 aka gano wani rubutun Larabci a ɗakin karatun hubbaren da ke Mashhad ta ƙasar Iran, ɗauke da juzu'i huɗu na littafin Diyofantus da suka ɓace a Girkanci, fassarar Ƙusta ɗan Luƙa wanda ya yi aiki a Bagadaza a ƙarni na 9. Matanin ya fi na Girkanci yawan bayani, yana bin kowace mas'ala daki-daki yana gwada amsa, irin yadda malami ke yi wa ɗalibai. Jacques Sesiano, wanda ya fitar da shi a 1982, ya ce mai yiwuwa daga sharhin Hifatiya aka fassaro shi. Wasu manazarta ba su yarda ba, domin sunanta bai fito a ko'ina cikin rubutun ba.